Sautukan ƙasar mafarki: a furta su kafin a rubuta su

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina roƙon ka ba ni fili a shafin wasiƙu domin in sa baki a muhawarar da ta taso kan ƙagaggen labarin da kuke bugawa kashi-kashi a shafin adabi, wato labarin yarinyar nan da take samun kanta a wata ƙasa duk lokacin da barci ya ɗauke ta, ƙasar da mutanenta ba su riƙe makami ko mabuɗi, sai dai waɗansu sautuka da suke furtawa, ƙofa ta buɗe, kogi ya tsaya, wuta ta mutu. Wani mai karatu ya rubuto yana cewa surkulle ne aka sa wa rigar adabi, kuma bai dace jaridar da ke shiga gidajen Musulmi ta ɗauke shi ba. Wani kuma ya mayar masa da cewa duk abin da marubuci ya ƙaga daidai ne, tunda mafarki ba shi da doka. Ban gamsu da ko ɗaya daga cikinsu ba. A ganina labarin ba shi da laifin da aka ɗora masa, amma yana da wani rauni da babu wanda ya ambata, shi ne cewa marubucin ya ƙera sautukansa da alƙalami ba tare da ya gwada su a bakinsa ba.

Zan fara da zargin surkulle, domin wanda ya kawo shi bai yi magana a banza ba. Imamu Muslim ya ruwaito daga Aufu ɗan Malik cewa sahabbai sun tambayi Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, game da tofin da suke yi a zamanin jahiliyya, sai ya umarce su da su bijiro masa da shi, ya kuma ce babu laifi a tofi matuƙar babu shirka a cikinsa. Daga cikin sharuɗɗan da malamai irin su Ibn Hajar suka kawo akwai cewa tofi ya kasance da maganar da aka san ma'anarta. Ibn Khaldun kuma, da ya zo kan ilimin sirrin haruffa a Muƙaddimarsa, ya kusantar da shi ga sihiri. Saboda haka Bahaushen da ya ga jerin haruffa marasa ma'ana an ce suna buɗe ƙofa, ya ji gabansa ya faɗi, tarbiyyarsa ce ta motsa, kuma bai cancanci a yi masa dariya ba.

Sai dai abin da ya mayar da magana surkulle shi ne da'awar da ake yi mata a farke. A ƙasar Rum, wajen ƙarni na 3 na Miladiyya, wani likita mai suna Serenus Sammonikus ya rubuta cewa mai zazzaɓi ya rataya kalmar nan abrakadabra a wuyansa, a rubuta ta layi bayan layi ana rage harafi ɗaya har ta ƙare, wai haka ciwon zai riƙa raguwa. Wannan shi ne surkulle na ainihi: akwai majinyaci na gaske, akwai alkawarin waraka, akwai kuma wanda zai dogara da kalmar ya bar magani. Haka boka yake yi a yau idan ya karɓi baƙar akuya ya yi ta gunaguni. Marubucin labarin nan bai ce wa kowa ya furta komai don ya samu biyan bukata ba, ya kuma ajiye dukan abin a ƙasar da ya faɗa da bakinsa cewa babu ita. Mu da muka tashi da gatana a tsakar gida mun san wannan yarjejeniya tun muna ƙanana. Tsohuwa takan rera waƙar da dodo yake yi a bakin rafi, wadda rabin kalmominta babu wanda ya san ma'anarsu, dutse ya tsage, ƙasa ta haɗiye mutum, sannan ta rufe da ƙurunƙus, ta ƙara da cewa ba don Gizo ba da ta yi ƙarya. Babu yaron da ya taɓa wayar gari ya je bakin Gulbin Kebbi yana rera waƙar don ruwa ya dare masa.

Akwai iyaka, kuma ina fata marubucin ya ci gaba da kiyaye ta kamar yadda ya kiyaye zuwa yanzu. Kada ya taɓa ayar Alƙur'ani, ko sunayen Allah, ko haruffan da ke farkon waɗansu surori, ya mayar da su kayan wasan almara. Kada kuma ya kwafo kirarin da 'yan bori suke yi wa iskokinsu, ko rubutun da ke cikin hatimin 'yan tsibbu, domin waɗannan akwai masu amfani da su da gaske. Wannan ma hujja ce da ke goyon bayan ƙirƙira: marubucin da ya ƙaga sautinsa daga babu ya fi nesa da abin da ake tsoro a kan wanda ya aro. Hukunci na malamai ne, ni dai abin da nake gani ke nan a matsayina na wanda ya koyar da Hausa a makarantun sakandare har ya ajiye alli.

Yanzu ga abin da ya sa na ɗauki alƙalami. A cikin labarin, sautin da ke tsayar da kogi an rubuta shi da haruffa huɗu babu wasali ko ɗaya, har da x da q da v, waɗanda babu su a abacadar Hausa. Sautin da ke kashe wuta ma haka yake, baƙaƙe ne aka cunkusa. Mai karatu yana isowa wurin sai idonsa ya tsallake, domin babu abin da harshensa zai kama. To idan ƙarfin ƙasar nan gaba ɗaya yana cikin sauti, kuma mai karatu bai ji sautin a kunnen zuciyarsa ba, ai an hana shi ainihin abin da aka kira shi ya gani. Kada mu manta kuma cewa yawancin labaran Hausa a yau da kunne ake karɓar su. Ana karanta su a gidajen rediyo, ana naɗar su ana turawa ta WhatsApp da YouTube, kuma a gidaje da yawa yarinya ɗaya ce take karantawa sauran suna saurare. Me mai karantawa za ta yi idan ta iso kan baƙaƙe huɗu da ba su furtuwa? Ko dai ta yi shiru, ko ta ƙaga nata, kuma duk wanda ta zaɓa, aikin marubucin ya zube.

Ƙirƙirar sauti ba sabon abu ba ne a duniya, kuma waɗanda suka yi shi da gaske daga baki suka fara. A tsibirin Mornington na ƙasar Ostareliya akwai wata al'umma da ake kira Lardil, waɗanda a da suke da wani harshe na musamman mai suna Damin, wanda a wancan zamani ake koya wa maza kaɗai bayan sun wuce wani mataki na al'adarsu. Kalmominsa ba su wuce 200 ba, amma sautukansa sun ba masana mamaki. Akwai wanda ake yi da shaƙar iska ciki maimakon fitar da ita, akwai wanda ake yi da karkaɗa leɓɓa, akwai mai kama da ƙ ɗinmu, akwai kuma sautukan tsotso irin na tsaki, waɗanda ba a san wani harshe a wajen Afirka da yake gina kalmomi da su ba sai shi. Masanin harsuna Ken Hale, wanda ya yi aiki da dattawansu a shekarun 1960, ya karkata ga cewa da gangan aka ƙirƙiri wannan tsari. Abin lura shi ne a lokacin mutanen ba su da rubutu. Kowane sauti sai da wani dattijo ya yi shi da bakinsa, wani saurayi ya kwaikwaya har ya iya, kuma baƙuncin sautin shi ne yake sanar da mai ji cewa an bar maganar yau da kullum an shiga wata daban.

Kusa da mu ma akwai misali, kuma har da mafarki a ciki. Sarki Njoya na Bamun, a birnin Fumban na ƙasar Kamaru, inda fataken Hausa suka daɗe suna zuwa, ya ƙirƙiri rubutun harshensa wajen 1896, kuma abin da ake ba da labari shi ne a mafarki aka nuna masa. Ya fara da alamomi kusan 500, ya yi ta tacewa har suka koma wajen 80 a 1910, sannan wajen 1912 ya ƙaga wani harshen fada da ake kira Shumom. Haka kuma rubutun mutanen Vai na Laberiya, wanda Momolu Duwalu Bukele ya fito da shi a farkon shekarun 1830, shi ma da mafarki ake danganta shi. Ko da an yarda mafarkin ne ya kawo tunanin, shekaru goma sha huɗu na gyara da Njoya ya yi a farke su ne suka sa abin ya yi aiki. Wannan ita ce amsata ga mai cewa mafarki ba shi da doka. Mai mafarki yana iya rasa doka, amma wanda ya zauna zai rubuta mafarkin don wasu su karanta idonsa biyu.

To daga ina marubucin zai samo kayan aiki? Da farko ya sani cewa kunnen ɗan Adam yana jin siffa a cikin sauti tun kafin a gaya masa ma'ana. A 1929 wani masanin halayyar ɗan Adam Bajamushe, Wolfgang Köhler, ya kawo zane biyu, ɗaya mai lanƙwasa ɗaya mai tsini, da ƙagaggun sunaye biyu, baluma da takete, kuma mutane suka riƙa ba mai tsinin takete. A shekarar nan dai Edward Sapir a Amurka ya gwada mal da mil a matsayin sunan tebur, akasarin waɗanda aka tambaya suka ce mal ne babba, mil ƙarami. An maimaita gwajin farko a 2001 da buba da kiki, daga baya kuma aka gwada shi a kan masu harsuna 25, mafi yawansu suka bi hanya ɗaya. Malaman Larabci sun riga su da nisa. Ibn Jinni, wanda ya rasu a 392 bayan Hijira, ya lura cewa Larabawa suna cewa khadm ga cin abu mai taushi kamar kankana, su ce ƙadm ga cin busasshen abu mai tauri kamar yadda dabba take tauna sha'ir, ya ce an ba abu mai laushi harafi mai laushi, an ba mai ƙarfi harafi mai ƙarfi.

Bahaushe ba ya bukatar a kawo masa wannan daga waje, domin yana da rumbu guda na irin waɗannan kalmomi, su ne masana suke kira amsa-kama. Babu wanda ya koya mana a aji cewa tsakuwa tana faɗawa ruwa tsulum, ƙato kuma funjum, amma da za a juya su kowa zai ji an yi kuskure. Mangwaro ya nuna luguf, goro kuma ana cin sa ƙaras-ƙaras. Abu ɗan mitsitsi ne ko ɗan tsurut, wani kuma ribɗeɗe ne ko fanƙameme, kuma wanda bai taɓa jin kalmomin ba zai iya cankar wanne ne babba. Abin da ya fi dacewa da maganarmu shi ne amsa-kama tana karya dokokin da sauran kalmomin Hausa suke bi. Kusan duk kalmar Hausa ta asali da wasali take ƙarewa, amma dubi cak, da wuf, da tsit, da wuluk, da fat, da ɓutuk, duk da baƙi suka rufe, waɗansu ma da baƙin da ba a saba ganin sa a ƙarshen kalma ba. Ashe ke nan harshenmu yana da wani lungu da ya ware inda sauti yake sakin jiki ya yi abin da ba a yarda masa a wani wuri ba, kuma kunnen mai karatu ya riga ya saba cewa idan aka ji irin wannan sauti, wani abu ya faru nan take. Mutum ya tsaya cak. Wuri ya yi tsit. Wanda yake neman sautin da zai tsayar da kogi a ƙasar mafarki, daga wannan lungu ya kamata ya fara tono, ba don ya ɗauki cak ɗin kanta ba, sai don ya gane abin da ya sa take tsayar da mutum, ya ƙera 'yar'uwarta da babu ita a ƙamus.

Sannan ga baƙaƙenmu masu lanƙwasa, waɗanda baƙi masu koyon Hausa suke shan wuya a kansu. Duk wanda ya ɗora yatsa a maƙogwaronsa ya ce ɓa ko ɗa zai ji zakaran wuyansa ya yi ƙasa, kamar ana jawo sautin ciki, shi ya sa masu nazarin furuci suke danganta su da haɗiya. Idan kuma ya ce ƙa ko tsa zai ji ya yi sama, an toshe iska an tunkuɗo ta waje da ƙarfi. Wannan bambanci a jiki yake, kowane mai karatu zai iya gwada shi yana zaune. Da ni ne marubucin, da a kansa zan gina dokar ƙasar: sautin da ake haɗiya yana jawo abu kusa, wanda ake tunkuɗowa yana kore shi, na hanci kamar m da n, da yake ana iya jan su muddin akwai numfashi, suna riƙe abu a inda yake. Daga nan sai labari ya fara haifar da kansa. Yarinyar da take son ta riƙe kogi har ƙanenta ya haye dole ta ja sautin hanci, kuma kogin zai tsaya ne gwargwadon numfashinta kawai. Mai karatu zai riƙe nasa numfashin tare da ita, ya san abin da zai faru idan ya ƙare, ba sai an gaya masa ba. Wanda mura ta toshe wa hanci ya zama ba shi da kariya a ranar. Tsohon da haƙoransa suka zube ya rasa waɗansu ƙofofi har abada, yaro mai tsamin baki irin na Gizo kuma yana iya buɗe abin da bai yi niyya ba.

Akwai kuma karin sauti da tsawon wasali, waɗanda rubutunmu na boko ba ya nunawa amma kunne ba ya kuskure musu. Wuyan da ake rataya laya daban yake da wuyar da ake sha, kai da ake aske wa gashi daban da kai da ake kira, garin da ake shiga daban da garin da ake tuƙa tuwo. Da wannan hawa da sauka ne kalangu yake kiran sunan mutum ya waiwayo. A gaɓa ɗaya Hausa tana da karin sama, da na ƙasa, da mai faɗowa daga sama zuwa ƙasa, amma ba ta da mai tashi daga ƙasa zuwa sama. Ga sauti nan da bakin Bahaushe zai iya yi ba tare da wahala ba, amma kunnensa zai ji shi baƙo. Irin wannan ne ya kamata a ajiye wa babban sirrin ƙasar mafarki, domin baƙuncin da ke aiki shi ne wanda ya kauce wa doka guda ɗaya da mai ji ya sani, alhali cunkusa baƙaƙe huɗu ya kauce wa dukan dokoki a lokaci ɗaya har ba a san me aka karya ba. Bakin da ya karɓi burodi da tebur sai da ya cusa musu wasula, haka zai yi wa duk abin da aka ba shi.

Wani wurin da ban ga marubutanmu suna leƙawa ba shi ne sautukan da muke yi kullum amma ba mu ba su harafi ba. Tsaki ba kalma ba ne, amma yaron da ya yi wa mahaifinsa tsaki ya san abin da zai biyo baya. Ƙwafa alkawari ce ta ramuwa. Guɗa tana sanar da unguwa cewa an kawo amarya ko an sauka lafiya, gyaran murya a zaure yana sa mata su gyara lulluɓi, kuma har yau akwai gidajen da ake hana yaro yin fito da baki da dare. Waɗannan sautuka suna aiki a kan mutane a farke, ba tare da wani tsafi ba. Sautin tsotso irin na tsaki shi ne Zulu da Xhosa na Afirka ta Kudu suka mayar baƙaƙe cikakku, suna rubuta su da c da q da x, kuma akwai irinsu a harsunan Hadza da Sandawe na Tanzaniya. Idan har marubucinmu yana son q da x ɗin nan, to ya ba su aiki irin wannan, ya sa wata tsohuwa a cikin labarin ta koya wa yarinyar inda za ta ɗora harshe, a bayan haƙora ko a ganɗa, da yadda za ta tsotsa ta saki. Mai karatu zai gwada a ɓoye, kuma daga ranar harafin ya samu murya.

Mu a Kebbi ba sai mun yi nisa ba. Wanda ya zaga kasuwar Argungu ko ta Kamba ko ta Yawuri zai ji Zabarmanci da Dandanci da Fulatanci da Kambarci, a Zuru ya ji C'lela, kowanne da abin da yake yi da baki wanda Hausa ba ta yi. Bafulatani yana fara kalma da nd, kamar a ndiyam, wato ruwa. Bayarabe da Banufe suna rufe leɓɓa da bayan harshe a lokaci ɗaya su ce kp ko gb. A ƙasar Margi, can tsakanin Borno da Adamawa, akwai wani sauti da ake yi ta hanyar jan leɓen ƙasa ciki a bugo shi a haƙoran sama, wanda sai a 2005 ƙungiyar masana furuci ta duniya, da aka kafa tun 1886, ta ba shi alama a jadawalinta. Ko Hausarmu ta yamma tana da nata, mu da muke cewa hwara da zamna da biyat. Sai dai a nan ina da gargaɗi. Marubuci ya koyi yadda ake yin sautin, amma kada ya ɗauki lafazin wata ƙabila da muke zaune tare ya sa a bakin mugayen halittun labarinsa. An daɗe ana yi wa maƙwabta wannan a wasannin barkwanci, kuma ba ƙaramin ɓarna yake yi a zukatan yara ba.

Za a iya cewa ai ƙasar mafarki ce, me zai hana a samu sautin da ɗan Adam ba zai iya yi ba sam? Babu abin da zai hana, kuma jadawalin da na ambata yana da gurabe da aka shafe da duhu, alamar cewa an yanke hukunci baki ba zai iya yin su ba. Tsuntsaye da yawa suna iya fitar da murya biyu a lokaci ɗaya saboda abin kukansu yana wurin da maƙoshi ya rabu biyu, kuma a Tuva da Mongoliya akwai mawaƙan da suke sa a ji amo biyu daga baki ɗaya. Marubuci yana da damar ya ba halittunsa harshe biyu ko maƙogwaro uku. Amma irin wannan sauti ba a rubuta shi da haruffa, siffanta shi ake yi: a faɗi yadda ƙirjin mai yin sa ya kumbura, da abin da mai ji ya ji a haƙoransa, da yadda awaki suka daina tuƙa. Malaman tajwidi, da suka ƙidaya mafitar haruffa 17 a bin Ibn al-Jazari, sun nuna mana cewa ana iya bayyana sauti da kalmomi har wanda bai taɓa jin sa ba ya san daga ina yake fitowa. Tun kafin su Khalil ɗan Ahmad ya jera ƙamusunsa bisa mafitar haruffa, ya fara daga maƙogwaro ya gangaro zuwa leɓɓa. Duk almajirin da aka taɓa tsayarwa a kan bambancin sin da sad ya san cewa wurin da harshe ya taɓa ba abin wasa ba ne, kuma wannan ilimi yana hannun dubban masu karanta jaridar nan.

Abin da nake nufi da doka ke nan, kuma ba don a takura wa marubuci ba ne. Homar da masunta suke shiga kogin Matan Fada na Argungu da ita, idanunta ne suke sa ta kama kifi, kuma da za a saƙa su yadda aka ga dama, wani ƙarami wani ƙato, da giwan ruwa ta wuce abinta. A kashi na baya-bayan nan, da aka rutsa yarinyar a bakin rijiya, sai kawai ta furta wani sabon sauti da ba a taɓa ambata ba, maƙiyan suka watse. Ban ji tsoro domin ta ba, kuma na tabbata sauran masu karatu ma haka, saboda mun gane cewa duk inda ta shiga matsala marubucin zai ƙago mata sabon jerin baƙaƙe. Da an ce sautuka bakwai ne kacal a ƙasar, mun san aikin kowanne da abin da yake ci wa mai furta shi, ko murya ce take dushewa, ko kuwa yarinyar tana farkawa ta tarar ta manta wata kalma ta harshen uwarta, da mun zauna muna lissafi tare da ita, muna neman wanda zai fisshe ta.

Akwai rabon da ya rataya a wuyanku, Malam Edita. Tun shekarun 1930 aka daidaita rubutun boko da ɓ da ɗ da ƙ, amma har yanzu shafin adabi yakan fito babu lanƙwasa ko ɗaya, musamman wanda ake ɗorawa a intanet. A labarin yau da kullum mai karatu yana cike gurbin da kansa, domin ya san ƙasa ake nufi ko kasa. A ƙagaggen sauti kuwa babu abin da zai jagorance shi, tunda bai taɓa jin kalmar ba. Idan marubucin ya karɓi shawarata ya gina dokarsa a kan bambancin haɗiya da tunkuɗa, sannan mai tsara shafi ya buga b a wurin ɓ, to an rushe masa ƙasar baki ɗaya. Wayoyin hannu da kwamfutoci na yanzu duk suna da waɗannan haruffa, saura a sa wanda zai duba kafin a buga. Ina kuma roƙon ku isar wa marubucin cewa kafin ya aiko kashi na gaba, ya tara yaran gidansu bayan sallar isha'i ya karanta musu da ƙarfi, duk sautin da ya ga sun kasa maimaitawa bayan ji biyu, ya soke shi ya sake wani.

Na gode da wannan fili, Allah Ya ƙara wa jaridar albarka.

Naku,
Tsohon malamin Hausa,
Argungu, Jihar Kebbi.